Gaɓa ta Uku a Waƙar Inna

Aikina a Kadawa buɗe ƙofar ruwa ne da rufe ta. Da safe in hau keke in bi gefen kanal, in cire kwaɗo, in murɗa ƙarfe har ruwa ya shiga ƙaramar kwata, manoma su jera tiyonsu su ja shi zuwa gonakin alkama da tumatir. Da yamma in koma in rufe. Tsakanin waɗannan biyun kuwa sai zaman jira da sauraron ƙorafi. Wannan ya ce na tauye shi, wancan ya ce na fifita surukina, alhali ko aure ban yi ba a lokacin. Ni kuma ba ni da haƙuri, har gobe ba ni da shi, shi ya sa da wuya azahar ta yi ban yi cacar baki da wani ba.

A wannan zaman jiran na haɗu da jita. Akwai wani bakanike mutumin Gana da ke gyaran tarakta a garejin ma'aikatarmu ta ruwa, dattijo mai furfura a gemu, hannunsa kullum baƙi ƙirin da man inji. Idan rana ta take sai ya wanke hannun da kananzir da omo, ya zauna ƙarƙashin darbejiya a bayan gareji, ya ɗauko jitarsa. Ranar da na fara jinsa daga nesa na ɗauka mutum uku ne. Da na leƙa sai na ga shi kaɗai. Babban yatsansa na tafiya a kan tsirkiya masu kauri, sauran yatsun na haɗa amo a tsakiya, can sama kuma waƙa na tafe abinta kamar wani ne ke rera ta. Na tsaya riƙe da keke har na manta ban rufe ƙofar wani layi ba, ruwa ya cinye wa wani bawan Allah fangali huɗu na albasa. Na sha zagi a ranar, kuma na cancanta.

Ya ce mini sunan kiɗan jaz. Ni dai Oga nake ce masa, shi kuma ya ce mini Malam, duk da ya kusa haifata. Hausarsa irin ta zango ce, amma ana ganewa sarai. Wata shida yana koya mini riƙon tsirkiya, yatsuna suka yi kanta, sannan wata rana ya karɓe jitar daga hannuna.

"Malam, ka daina kwaikwayon waƙar wasu," in ji shi. "Ka kawo waƙar gidanku. Wadda ka sani tun ba ka san komai ba. A kanta za mu yi gini."

Mu ba gidan makaɗa ba ne. Manoma ne mu kaka da kakanni, a wani ƙauye kusa da Bunkure, kuma da baffannina sun ji ina taɓa abin kiɗa da sun ce na zubar musu da mutunci. Waƙa ɗaya tak na sani wadda zan iya cewa ta gidanmu ce, ita ce wadda Inna take yi a bakin dutsen niƙa.

Dole in yi bayani a nan, don yaran yanzu uwa tana kiran ɗanta da sunansa har da ƙari. Ni ɗan fari ne. Tun da Inna ta haife ni ba ta taɓa faɗar sunana ba, ba ta taɓa zama ta yi hira da ni ba, ba ta taɓa kallona ido cikin ido ba. Kunya ce, haka aka yi mata tarbiyya, kuma ita ta riƙe abin da ƙarfi fiye da sauran mata. In ta gama tuwo sai ta ce wa iska, "A gaya wa wancan ga abinci nan." In na yi zazzaɓi kakata ce ke jinya, ita tana can bakin murhu ta juya baya. Ina yaro na sha zama in ce matar nan ba ta ƙaunata. Na sha kuka a bayan rumbu a kan haka, ba na jin kunyar faɗa.

Amma da hantsi, idan ta durƙusa a gaban dutse ta zuba dawa, sai ta yi waƙa. Mata a bakin dutse suke faɗar abin da ba ya faɗuwa a tsakar gida. Tata gajera ce, gaɓa uku, tana maimaitawa har ƙwarya ta cika:

Wanda ba na kira,
ko ya ci, ko bai ci ba,
dutse, ka tambayo mini.

Na kai shekara bakwai kafin in gane da ni take. Daga ranar, duk hantsi sai in sami abin yi a bayan zana, ko gyaran tarkon ɓera ko feƙe kara, in kasa kunne. Ta san ina nan, na san ta sani. Iyakar hirar da muka taɓa yi ke nan ni da uwata.

Ita na kai wa Oga. Na rera masa da muryata mai kama da ta jaki, ya nemo karin a tsirkiya ta sama, ya nuna mini inda babban yatsa zai riƙa sauka. Sai ya ce in sake rerawa, ya rufe ido.

"Akwai rami a tsakani," ya ce. "Bayan kowace gaɓa sai ka yi shiru. Me ya sa?"

Na ce ban sani ba, haka dai take yi.

"To ka bar shi yadda take yi."

Ban bari ba. Ai wannan shirun shi ne ya fi ba ni sha'awa, don fili ne na samu. A kaset ɗin da Oga ke kunna mini ina jin yadda gwanaye ke gudu a kan tsirkiya, su hau su sauko, su karkace su dawo, ni ma nan nake son zuwa. Da na iya gudu ɗaya sai in cusa shi a ramin farko. Da na iya na biyu in cusa a na biyu. Oga ya kan bar ni in yi nisa, sannan ya ɗora tafin hannunsa a kan tsirkiya, komai ya mutu.

"Ina waƙar?"

"Tana ciki mana, Oga."

"Kai ka san tana ciki. Ni da nake zaune a nan ban gan ta ba. Ado ba laifi ba ne, Malam, ni ma ina yi. Amma in mai waƙa ya zo wucewa bai tsaya ya ce tawa ce ba, to ba ado ka yi ba, sata ka yi."

Ya kafa mini doka. Kullum kafin in yi mata kowace irin kwalliya, in kaɗa ta sau ɗaya tsurarta, tsirkiya ɗaya, yadda mai ita ke yi. Ya ce minti ɗaya ne, ba zai kashe ni ba. Ina yi in yana wurin. In ba ya nan kuwa sai in ce wannan aikin 'yan koyo ne, waƙar da na sha da nono ita zan manta? Haka nake faɗa a raina, da wannan girman kan nawa na banza.

A shekarar da aka ce baƙi su koma ƙasashensu Oga ya tafi. Motar da ya samu ba ta da wurin jita, mutane ma a tsaye suke. Ya miƙo mini ita da kaset uku da wata tsohuwar rikoda, ya ce, "Sau ɗaya tsurarta, kullum." Na ce to. Ban sake jin labarinsa ba.

Shekara huɗu na yi ni kaɗai da jitar nan a bakin ƙofar ruwa. Ba mai ɗora hannu a kan tsirkiya. Kuma gaskiya hannuna ya faɗa, ba zan yi ƙaryar tawali'u ba. Na koyi sauya amon da ke ƙarƙashin waƙa ta yadda gaɓa ɗaya za ta fito yau da fara'a gobe da ɗaci. Na koyi jinkirta kari in riske shi a gaba. Gaɓa ta uku ita na fi wasa da ita, don ita ce ƙarshe, a nan ake nuna gwaninta. Yau in ɗaga ta sama, gobe in gangaro da ita, jibi in lanƙwasa ta ta koma farko ba tare da ta sauka ba. Fulanin da ke kawo shanu shan ruwa su kan tsaya su saurara. Direbobin motocin tumatir su kan kashe inji. Wani injiniya ya taɓa cewa a birni ya kamata a ji ni, na kwana uku ina jin daɗin maganar. Ina ɗaukar kaina a rikoda, in saurara, in na ga na fi na jiya sai in ɗora sabon a kan tsohon, don kaset wuya yake yi.

A cikin shekarun nan ne aka kawo injin niƙa ƙauyenmu. Ni da bakina na aika wa Inna cewa ta daina wahalar da gwiwarta, a riƙa kai dawa inji. Na zo da kaina na ciccibi dutsen na kai bayan rumbu na kife. Ina ganin gata na yi mata. Ba ta hana ni ba, ai ba ta magana da ni. Ban tsaya na yi tunanin cewa in babu dutse babu waƙa ba, kuma ina da rikoda a ɗaki, ko sau ɗaya bai zo mini in ɗauki muryarta ba. Kaina nake ɗauka.

Ana tsakiyar kakar tumatir, lokacin da kwanduna ke jere a bakin titi har suna ruɓewa, wani direba ya tsaya a ƙofar ruwa ya ce ƙanwata ta ce in zo, Inna ta faɗi. Muka kai ta asibiti a birni. Suka ce hawan jini ne, ɓarin dama ya shanye, maganar ma ta tafi, mu koma gida mu yi ta addu'a. Muka dawo da ita muka kwantar a kan tabarma a ɗakinta.

Ƙanwata ita ke jinya. Ita tun tana ƙarama goggonmu ta ɗauke ta riƙo a Kumbotso, can ta girma, can ta yi aure, sai hutu take zuwa gida. Mace ce mai faɗar gaskiya ba ta shafa mata mai, halinmu ɗaya, shi ya sa ba ma daɗewa a wuri ɗaya ba mu yi ba. Bayan sati biyu ta tare ni a zaure.

"Yaya, matar nan ba ta san muna nan ba. In na ba ta kunu ta haɗiya, in na juya ta ta juyu. Idonta na bango. Mata sun zo sun yi ta kiranta, ko ƙiftawa. Ni tsorona kada ta tafi a haka, ba ta san a hannun wa take ba."

Ni ma tsorona ke nan, sai dai nawa ya fi nata muni. Ita ƙanwata ta sha hira da Inna, ta sha dariya da ita, an yi mata kitso a cinya. Ni ba ni da komai sai gaɓa uku daga bayan zana, kuma ban taɓa nuna wa Inna cewa na ji ba. Ina so kafin ta tafi ta san saƙon ya iso. Abin da nake so ke nan, ba wani abu ba.

Ran Juma'a na roƙi abokin aikina ya riƙe mini ƙofa, na naɗe jita a buhun taki don kada a gani, na ɗaure a bayan keke. Na shiga gida da hantsi, lokacin da maza ke gona. Ƙanwata ta ga abin da na zaro daga buhu, ta riƙe baki.

"A ɗakin mara lafiya, Yaya?"

Na ce ta saki labule ta yi mini shiru.

Na zauna daga bakin ƙofa, gefen da Inna ba za ta gan ni ba, yadda muka saba. Na gyara tsirkiya. Na shiga gaɓa ta farko a hankali.

Hannunta na hagu, mai lafiyar, yana kwance a kan tabarma. Ina cikin gaɓar sai na ga ya motsa. Yatsun suka dunƙule kamar sun kama wani abu, hannun ya tura gaba. Ƙanwata ta dafe ƙirji. Ni kuma wani daɗi ya cika ni, na ce yau Inna za ta ji abin da ɗanta ya zama. Da na kai ƙarshen gaɓar, wurin da take yin shiru, sai na saki gudun nan nawa da direbobi ke kashe inji dominsa. Hannun ya taho baya, ya tsaya a rabi. Ya ɗan jira. Sannan yatsun suka saki, ya kwanta.

Kun san abin da na yi? Na ci gaba. Na ce gajiya ta yi. Na zazzage duk abin da na tara a shekara huɗu a ɗakin nan, na hau na sauko, na karkace na dawo, gumi na zuba. Wajen minti goma ina abu ɗaya. Da na tsaya, idon Inna na bango inda yake.

"Yaya, wannan kiɗan na ina ne?" in ji ƙanwata.

"Waƙar Inna ce ta niƙa."

"Farkon dai ita ce. Sauran ban san ko ta wa ba ce."

Na taso mata da faɗa ƙasa-ƙasa. Na ce me ta sani a kiɗa, ita da ko a gidan ba ta girma ba. Ta bar ni na gama, sannan ta nuna tabarma da haɓa.

"Ni ban san kiɗa ba. Amma ga mai waƙar nan, ka tambaye ta."

Maganar Oga ce ta dawo mini a bakin ƙanwata, kuma ta fi zafi a nan. Na haɗiye fushina, na ce to, tsurarta. Tsirkiya ɗaya. Na kaɗa gaɓa ta farko, hannun ya tashi. Na daure na yi shiru, yatsuna na ƙaiƙayi, hannun ya dawo baya da kansa. Na kaɗa ta biyu, ya sake turawa. Na yi shiru, ya dawo. Numfashin Inna ya canza, har ina jinsa daga bakin ƙofa. Sai gaɓa ta uku.

Na ɗora yatsa, sai na ga hanya biyar a gabana. Wadda ke hawa, wadda ke gangarowa, wadda ke lanƙwasa, da wasu biyu. Duka na san su kamar tafin hannuna, duka nawa ne. Wacce ce tata? Na tsaya da yatsa a kan tsirkiya. Na zaɓi mai gangarowa. Hannun ya saki. Na koma farko, na zo, na gwada mai hawa. Ya saki. Sau biyar na kai ta bakin gaɓar nan, sau biyar hannun na mutuwa a wuri ɗaya. A na ƙarshe ta rufe ido, ƙanwata ta ce ya isa haka, kada in ƙarasa ta.

Kalmomin suna nan, ban manta ko ɗaya ba. Na rera su da baki a kan keke ina komawa, amma duk yadda na rera sai in ji jitata ce ke fitowa daga maƙogwarona. Na isa ɗaki na zazzage kwalin kaset, ina neman wanda muka ɗauka da rikodar tun tana hannun Oga. Babu. Duk na bi su na ɗora sabo a kai. A wutsiyar wani kaset na tarar da ragowar tsohon ɗauka, gaɓa ta farko da rabin ta biyu, tsurarsu, har da tarin Oga a baya, sai ƙarar maɓalli, sai ga ni na bara ina ta gudu. Na zauna a ƙasa na zagi kaina da duk zagin da manoma suka taɓa yi mini, bai ishe ni ba.

Na tambayi ƙanwata ko za ta iya rerawa. Ta ce sau nawa ta ji ta? In ta ji daidai za ta gane, in ta ji ba daidai ba za ta gane, amma ba za ta iya fito da ita ba. Na bi tsofaffin matan ƙauye ɗaya bayan ɗaya, ina sunkuyar da kai don kunyar abin da nake tambaya. Wata ta yi dariya har da tafi, ta ce namiji da gemunsa yana neman waƙar niƙa. Wata maƙwabciyarmu, wadda katanga ɗaya ta raba su da Inna shekara talatin, ta ce, "Ɗan nan, kowace mace da tata. Ina jin tata ta katanga, amma ina bakin nawa dutsen ina tawa. Wa ke riƙe ta wani?" Ta ce karin dai irin na garin su Inna ne, in nemi mutanen can. Garin su Inna kuwa yana ƙarƙashin ruwan madatsar Tiga, ruwan da nake buɗewa kullum da safe. Mutanensa sun warwatsu, na sami gida biyu, ba wanda ya san abin da nake nufi.

Juma'a ta gaba na je bayan rumbu na tono dutsen. Ƙasa ta ci rabinsa, kunama biyu na ƙarƙashi. Na wanke shi na kawo ƙofar ɗakin Inna, na roƙi ƙanwata ta niƙa ko da mudu ɗaya ne, ko ƙarar za ta tayar mini da abin da ya kwanta. Ta ɗaura zani ta durƙusa, tana mita wai ta manta rabonta da wannan wahala.

A nan na ga abin da ban taɓa gani ba, don ni daga bayan zana nake ji, ban taɓa kallo ba. Mai niƙa tana tura ɗan dutse da dukkan nauyinta, a nan murya ke fita. Sannan ta jawo shi baya, ta saki hannu ɗaya ta ɗebo tsaba ta zuba, ta ja numfashi. Shirun ke nan. Ramin da Oga ya tambaye ni, wanda na shekara huɗu ina cusa wa tarkace, wurin numfashin uwata ne. Ranar farko da na zo da jita, ta jawo hannu kamar mai jawo dutse za ta ja numfashi, ni kuma na hana ta.

Na ɗauki jita na bi dutsen ƙanwata. Gaɓa ta farko da ta biyu suka zauna daram, yadda ban taɓa kaɗa su ba. Hannun Inna na tafiya tare da mu. Da muka kai ta uku na tsaya ina laluben hanya, sai muka ji wani sauti daga tabarma. Inna ce. Bakinta a karkace, jijiyar wuyanta ta tashi, tana ƙoƙarin ba ni gaɓar. Abin da ya fito gurnani ne guda ɗaya, miƙaƙƙe, ba hawa ba sauka. Ta sake yunƙurawa, shi ne dai. Hawaye ya gangaro ta gefen idonta ya shiga kunne. Ƙanwata ta saki dutse ta fita da gudu. Ni na zauna riƙe da katakon nan, na rasa inda zan sa kaina. Ta san abin da na ɓatar, tana da shi a cikinta, ba ta da hanyar miƙo mini. Ban taɓa jin baƙin ciki irin na ranar ba, har ranar da aka binne ta.

Na ci gaba da zuwa duk Juma'a. Tsakanin Juma'a da Juma'a ina bakin ƙofar ruwa ina ƙirƙiro hanyoyi, ta shida, ta bakwai, ta goma, ko zan yi dace. Kowacce na kawo, hannun ya saki. Daga baya na lura tun ina shiga gaɓa ta biyu fuskarta ke ɗaurewa, tana jiran abin da zan ɓata. Ƙanwata ta ce, "Yaya, kai kake neman abinka, ita kuma ita ke biya. Ka bari haka." Wannan karon ban yi mata faɗa ba.

Zuwana na ƙarshe da jita, zafi ya tsananta, an girbe alkama, kanal ya ja baya. Inna ta rame har tabarma ta fi ta kauri. Na zauna a wurina na bakin ƙofa. Na kaɗa ta farko, na bar mata numfashinta. Na kaɗa ta biyu, na bar mata. Da aka zo ta uku sai na ɗora tafin hannuna a kan tsirkiya, yadda Oga ke yi mini. Ba dabara ba ce, ba ni da abin kaɗawa ne kawai.

Hannun bai saki ba. A cikin shirun nan ya tura gaba, ya dawo. Ya tura, ya dawo. Ya tura na uku, a hankali, ya daɗe a can gaba, sannan ya dawo ya kwanta a buɗe. Leɓenta na motsi ba sauti. Ta rera abarta har ƙarshe, daidai yadda take, ina zaune taku uku daga gare ta ban ji komai ba.

Sai ta juyo da kai. Da ƙyar, amma ta juyo, ta nemo ni a bakin ƙofa ta dube ni. Shekarata talatin da ɗoriya, ranar na fara ganin tsakiyar idon uwata. Ban san me ke cikin kallon ba. Na so in ce yafiya ce, wani lokaci kuma in ce tambaya ce, ina ka kai mini ita? Ban iya riƙe kallon ba, ni na fara sunkuyar da kai. Na ce, "Inna, na ci. Kullum ina ci." Ban sani ba ko ta ji. Ko da na ɗago ta mayar da ido bango.

Ta rasu kafin ruwan farko ya sauka.

Jitar tana nan, na canza mata tsirkiya ban san adadi ba. Na bar aikin ruwa da daɗewa, yatsun ma sun yi nauyi, gudun da nake taƙama da shi ya tafi, ban yi kewarsa ba. Wasu matasa kan zo in nuna musu hannu, in kafa musu dokar Oga, su ce to, ina ganin idonsu na san ba za su yi ba. Ni dai yanzu ina bin dokar kullum da hantsi, lokacin da ba ta da sauran amfani. In kaɗa ta farko, in kaɗa ta biyu, in ɗora hannu a kan tsirkiya in ƙirga turi uku, na ukun ya fi tsawo. Abin da ya rage mini na gaɓar ke nan, tsawonta. Jikata ta taɓa tambayata me ya sa waƙar nan ba ta da ƙarshe. Na ce mata tana da shi, ni ne na ɓatar.